Philippe Noiret: yadda ɗan wasan Faransa ke ratsa dandamali, talabijin da silima

A daren 3 ga Afrilun 1976 aka fara raba lambar yabo ta César a birnin Faris, wato lambar da masu sana'ar fim a Faransa ke karrama junansu da ita duk shekara. A zamanin Alain Delon da Jean-Paul Belmondo ne ke cika gidajen silima, su ne samari ke kwaikwayon tafiyarsu, 'yan mata na manna hotunansu a bango. Sai ga shi kambun gwarzon jarumi na farko ya faɗa hannun wani ƙaton mutum mai shekara 45, mai ɗan tumbi, mai saukakkun kumatu da idanu kamar na wanda aka tasa daga barci. Sunansa Philippe Noiret. Ya sake karɓar kambun a 1990, kuma kafin rasuwarsa a 2006 ya fito a finafinai sama da 100.

Tambayar da ta dace a yi ita ce: ta yaya mai irin wannan sura ya zama jigo a sana'ar da ake cewa fuska ce jarinta? Baiwa na ciki, babu musu. Sai dai baiwa kaɗai ba ta isa bayani ba. Noiret ya taso ne a daidai lokacin da gwamnatin Faransa ta ɗauki wasan kwaikwayo a matsayin aikin hukuma, ta zuba masa kuɗi, ta gina masa gidaje uku da ɗan wasa zai iya zagayawa cikinsu: dandamali, talabijin da silima. Wanda ya bi sawunsa daga gida zuwa gida zai gane yadda tsarin yake aiki, da kuma abin da ya rage daga cikinsa a yau.

Shekara bakwai a hannun Jean Vilar

An haife shi ranar 1 ga Oktoban 1930 a Lille, can arewacin Faransa. Boko bai karɓe shi ba. Sau uku yana zana jarrabawar kammala sakandare yana faɗuwa. A makarantar kwana ta Juilly, wadda limaman Katolika ke gudanarwa, aka fara lura cewa wannan yaron da lissafi ya gagara yana da murya, kuma idan ya hau dandamali sai ya zama wani mutum daban. Ya ɗauki darussan wasa a Faris wajen Roger Blin, daga nan ya shiga ƙungiyar wasan kwaikwayo ta yammacin ƙasar da ke da mazauni a Rennes.

Wannan ƙungiya ta Rennes ba haka kawai ta tsiro ba. Kafin Yaƙin Duniya na Biyu, kusan duk wani wasan kirki a Faris ake yin sa, kuma masu hannu da shuni ke kallo. Bayan yaƙin, wata ma'aikaciyar gwamnati mai suna Jeanne Laurent ta dage sai an kai wasa larduna. Tsakanin 1946 da 1952 aka kafa cibiyoyi biyar da kuɗin gwamnati da na ƙananan hukumomi, ciki har da na Saint-Étienne da Toulouse da wannan ta Rennes wadda aka buɗe a 1949. Aikinsu su loda kaya a mota su bi garuruwa, yau a zauren taron gari, gobe a wani tsohon gidan silima. Ɗan wasa a irin wannan ƙungiya shi ne mai ɗaukar katako, shi ne mai kafa labule, da dare kuma ya sa rigar sarki.

Jeanne Laurent ɗin ce dai ta damƙa wa darakta Jean Vilar ragamar gidan wasan kwaikwayo na talakawa, wanda aka fi sani da TNP, a 1951. Vilar ya riga ya kafa bikin wasanni na Avignon tun 1947. Ra'ayinsa shi ne wasan kwaikwayo haƙƙin jama'a ne kamar ruwan famfo da lantarki, kuma bai tsaya a faɗa da baki ba. Ya karya kuɗin tikiti. Ya hana ma'aikatan zaure karɓar na goro daga 'yan kallo. Ya matso da lokacin fara wasa don lebura ya samu jirgin komawa gida. Ya riƙa sayar da tikiti ta hannun ƙungiyoyin ƙwadago da na ɗalibai. A takardar talla kuwa, ana jera sunayen 'yan wasa ne bisa tsarin abacada, ko da kuwa cikinsu akwai Gérard Philipe, wanda a lokacin babu tauraron da ya kai shi farin jini a ƙasar.

Nan Noiret ya shiga a 1953 yana ɗan shekara 22 zuwa 23, ya zauna shekara bakwai, ya taka rawa kusan 40 a wasannin Molière da Corneille da Shakespeare da Beaumarchais. Ya kamata a ɗan tsaya a kan yanayin wurin, don a nan aka ƙera shi. Zauren TNP a fadar Chaillot yana ɗaukar mutum kusan 3,000. A Avignon kuma a fili ake wasa, a farfajiyar fadar da fafaroma suka zauna a ƙarni na 14, bango dogo a bayan ɗan wasa, iskar kudancin Faransa na kaɗawa tana kwashe magana. Vilar ba ya son tarkacen ado a dandamali. Haske ne da tufafi da baƙin labule, sai jikin ɗan wasa da muryarsa. Wanda ke zaune a layin ƙarshe ya biya kuɗinsa, dole ya ji kowane harafi na baitin da aka rubuta shekara 300 da suka wuce, kuma ba a yarda a yi masa ihu ba. Wanda ya yi shekara bakwai yana wannan aiki dare bayan dare ya san inda numfashi yake fitowa, ya san tsawon shirun da zaure zai iya ɗauka kafin a fara tari da motsa kujera.

Akwai kuma wata tsohuwar al'ada ta dandamalin Faransa da ta shafe shi kai tsaye. Tun zamanin da, ana raba 'yan wasa rukuni-rukuni bisa sura da murya: ga saurayin soyayya, ga bara mai wayo, ga dattijon uba, ga aminin da ake gaya wa sirri. Duk rukunin da aka jefa mutum, da wuya ya fita. Saurayin soyayya a TNP Gérard Philipe ne, babu mai ja. Noiret, saboda girman jiki da kaurin murya, sai aka riƙa ba shi matsayin mutanen da suka girme shi nesa ba kusa ba. Matashi zai iya ganin wannan a matsayin rashin sa'a. A ganina babu abin da ya fi yi masa amfani. Saurayin soyayya yana da wa'adi, furfura na fitowa kasuwarsa ta fara ja baya. Wanda ya koyi zama dattijo tun yana ɗan shekara 25 kuwa, kullum shekaru ƙara kusanto shi suke yi da matsayinsa.

Albashin TNP ba ya kai wa ko'ina, don haka bayan an tashi daga wasa shi da abokinsa Jean-Pierre Darras sukan zarce ƙananan gidajen shaƙatawa na dare su yi barkwanci. Noiret ya fito a Sarki Louis na 14 da uban gashin kanti a ka, Darras ya fito a marubuci Racine, suna fakewa da fadar da suna zolayar masu mulkin zamaninsu. Da yamma yana magana da mutum dubbai, tsakar dare kuma da mutanen da gwiwarsu ke taɓa tasa, masu hira da shan abin sha, waɗanda in ba a kama hankalinsu cikin minti ɗaya ba an rasa su. A TNP ɗin ne kuma ya haɗu da 'yar wasa Monique Chaumette, suka yi aure a 1962, suna tare har mutuwa ta raba.

Akwatin talabijin

Rabonsa a talabijin bai kai na sauran gidajen biyu ba, amma zamanin da ya shige ta yana da muhimmanci. Har zuwa 1964 tasha ɗaya tak ce a Faransa, mallakar gwamnati, kuma masu tafiyar da ita sun ɗauke ta makaranta ce ta al'umma. Suna ɗauko manyan wasannin dandamali su shirya su a ɗakunan ɗaukar hoto na Buttes-Chaumont, da yawa kai tsaye ake watsawa. Kai tsaye kuwa na nufin babu yankewa, babu a sake. Ɗan fim da ya saba da faɗin jimla biyu a tsaya ba zai iya ba, sai wanda ya saba haddace wasan sa'a biyu zuwa uku. Shi ya sa talabijin ɗin farko ta cika da 'yan dandamali. A 1960 Noiret ya fito a ƙaramin matsayi cikin Cyrano de Bergerac da Claude Barma ya shirya wa talabijin, tare da Daniel Sorano, wani ɗan TNP, a babban matsayin. A dare ɗaya irin wannan, gidajen da suka ga fuskar ɗan wasa sun fi abin da zauren Chaillot zai tara a wata da watanni.

Daga baya dangantakar ta juya. Talabijin ta rage zama dandamali, ta koma baitulmalin silima. Da aka buɗe tashar Canal+ a 1984, cikin sharuɗɗan lasisinta akwai zuba wani kaso na kuɗin shigarta a finafinan Faransa, sauran manyan tashoshi ma doka ta ɗora musu irin wannan nauyi. Tashar da za ta sa kuɗi a fim kuwa tana son sunan da zai zaunar da iyali gaban akwati ranar Lahadi da dare. Noiret na cikin waɗannan sunaye, kuma wannan na daga dalilan da ya sa bai taɓa rasa aiki ba a shekarun 1980 da 1990, har da ayyukan da ba su cancanci ya ɓata lokacinsa a kansu ba.

Silima, a hankali

Babban matsayinsa na farko a fim ma ta ƙofar TNP ya zo. Agnès Varda ita ce mai ɗaukar hoton ƙungiyar, kuma da ta tashi yin fim ɗinta na farko, La Pointe Courte, a unguwar masunta ta garin Sète, sai ta ɗauko shi. Fim ɗin ya fito a 1955, kuma masana na lissafa shi cikin waɗanda suka share fage wa sabon salon da matasan daraktoci suka zo da shi a ƙarshen shekarun 1950. Abin mamaki, wannan guguwa ta wuce ta bar shi. Jagororinta irin su Truffaut da Godard suna neman sababbin fuskoki, masu magana kamar a bakin titi, kuma suna ɗari-ɗari da duk wanda ke da ƙanshin dandamali. Bai yi fim da ko ɗaya cikin su biyun ba.

Ya bar TNP a 1960, shekara guda bayan rasuwar Gérard Philipe yana da shekara 36. A shekarar ya fito a kawun yarinya cikin Zazie dans le métro na Louis Malle, sannan ya shafe shekaru yana fitowa a miji mai gundura, ko aboki, ko jami'i. Sai a 1968, yana ɗan shekara 37, ya samu fim ɗin da ya ɗora shi a gaba: Alexandre le bienheureux na Yves Robert, labarin manomin da matarsa ta hana shi sakat da aiki, da ta mutu sai ya haye gado ya ce shi da aiki har abada, ƙauye ya rikice. Hollywood ta gwada shi, har Hitchcock ya sa shi a Topaz a 1969, amma bai zauna ba. Can Bafaranshe na gefe kawai za a riƙa ba shi.

Abin da ya sa gida ya fi masa shi ne akwai aiki a gida, kuma ba da ikon kasuwa kaɗai ba. Tun 1946 Faransa ta kafa hukumar kula da silima, CNC. Daga 1948 aka sa haraji a kan kowane tikitin shiga silima, wanda a yau ya ɗan haura kashi 10 cikin 100, kuma ana karɓar sa ko fim ɗin na Amurka ne. Kuɗin ba ya shiga asusun gwamnati na gama-gari, komawa yake yi ga masu shirya finafinai da masu gidajen silima na ƙasar. Ma'ana, duk Bafaranshen da ya je kallon fim ɗin kaboyi ya taimaka wa fim ɗin gida ba tare da ya sani ba. A 1959, zamanin da André Malraux ke ministan al'adu, aka ƙara wani tsari: kwamiti ya karanta labarin fim tun yana takarda, in ya gamsu a ba da rance, a biya daga ciniki idan an samu. Wannan ne ya ba da damar yin finafinai masu matsakaicin kasafi, waɗanda jigonsu likita ne ko alƙali ko mai gyaran agogo, mutane masu shekara 40 zuwa 60 da ke zaune suna magana. Irin finafinan da mai surar Noiret zai iya ɗauka a kafaɗarsa ke nan.

Shekarun 1973 zuwa 1976 su ne tsakiyar labarin. Da farko ya yi wa sunansa na mutumin kirki rugu-rugu da La Grande Bouffe na Marco Ferreri, inda shi da Marcello Mastroianni da Michel Piccoli da Ugo Tognazzi suka fito a manyan mutane huɗu da suka kulle kansu a gida don su ci abinci har ya kashe su. A bikin finafinai na Cannes na 1973 an yi musu ihu da zagi, jaridu suka yi ta Allah wadai, jama'a kuma suka yi layi don su ga abin da ake zagi.

Sai haɗuwarsa da Bertrand Tavernier, wanda a lokacin ɗan jarida ne mai tallata finafinan wasu, bai taɓa yin dogon fim nasa ba. Ya kawo wa Noiret labarin da aka ciro daga littafin marubuci Simenon, aka mayar da shi birnin Lyon. Noiret ya amsa, kuma ya tsaya a kan amsarsa duk da furodusoshi sun yi ta juya wa aikin baya. Fim ɗin, L'Horloger de Saint-Paul, ya fito a 1974. Mai gyaran agogo ne, mutum mai bin doka har ba ya tsallaka titi sai fitila ta ba shi hannu, aka wayi gari 'yan sanda suka gaya masa ɗansa ya kashe mutum ya gudu. Duk fim ɗin a kan fuskar uban yake, yana gano cewa bai san ɗan da ya raina ba. A nan ake ganin amfanin Chaillot ta wata fuska. Wanda ya san yadda ake cika zauren mutum 3,000 ya san daidai abin da zai rage idan kyamara na taku biyu daga hancinsa. Noiret ba ya kuka, ba ya ɗaga murya. Yana sauraro, ya ɗan sunkuyar da kai, ya bar nauyin jikinsa ya faɗi abin da bakin ya ƙi faɗa. Shi da Tavernier suka ci gaba da aiki tare har shekara 20.

César ɗin 1976 kuwa ta Le Vieux Fusil ya same ta, fim ɗin Robert Enrico tare da Romy Schneider. Likita ne a Montauban a 1944, ya kai matarsa da 'yarsa ƙauye don su tsira, sojojin Jamus suka kashe su tare da mutanen ƙauyen, shi kuma ya ɗauko tsohuwar bindigar farauta ya bi su ɗaya bayan ɗaya. Labarin na tuna wa Faransawa kisan kiyashin ƙauyen Oradour-sur-Glane na watan Yunin 1944, inda aka hallaka mutum sama da 640. Da Delon aka ba bindigar, da kowa ya san ƙarshen labari tun farko. Ganin mutum mai tabarau da laushin hali yana kisa shi ne abin da ya girgiza 'yan kallo. Ni dai ina ganin mai gyaran agogon ya fi likitan zurfi, amma masu jefa ƙuri'a ramuwar gayya ta fi burge su.

Fim ɗinsa da ya fi kusa da mu shi ne Coup de torchon na 1981, shi ma na Tavernier. An ɗauko labarin daga wani littafin Amurka aka dasa shi a Afirka ta Yamma ƙarƙashin mulkin Faransa a 1938, yankin da Nijar ke cikinsa a lokacin, aka kuma ɗauki fim ɗin a Senegal. Noiret ne ɗan sanda ɗaya tilo a wani ƙaramin gari, malalaci, matsoraci, wanda matarsa ke cin amanarsa a cikin gidansa, kawalai biyu na garin kuma suna wulaƙanta shi a bainar jama'a. Waɗannan kawalai, don nishaɗi, harbin gawarwakin 'yan ƙasa suke yi idan kogi ya ɗauko su. Wata rana ya harbe su, ya ga babu abin da ya faru, sai ya ci gaba da kisa yana ɗaukar kansa hannun ƙaddara. Fim ɗin bai yi wa mulkin mallaka kwalliya ba ko kaɗan: Turawan cikinsa ɓarayi ne, mashaya, marasa kunya. Amma mai kallo daga wannan yanki zai lura da abin da masu sharhi a Faris ba su cika damuwa da shi ba, wato 'yan Afirkan da ke ciki kusan duk bango ne, ana dukansu, ana kashe su, ba a ba su bakin magana ba. An tona asirin mai mulki, amma har yanzu labarinsa ne shi kaɗai. Duk da haka yana cikin manyan ayyukan Noiret, don ya sa mutum ya yi dariya da mai kisa, sannan ya ji kunyar dariyar.

A 1984 ya fito a tsohon ɗan sanda mai cin na goro cikin Les Ripoux, wanda ya tara 'yan kallo sama da miliyan 5 a Faransa; an yi masa ci gaba har sau biyu, ko wanne bai kai na farko ba. César ta biyu ta zo ne da La Vie et rien d'autre na 1989, inda ya fito a hafsan da aka ɗora wa aikin ƙirga da gano sojojin da suka ɓace a Yaƙin Duniya na Ɗaya, yayin da manyansa ke son a rufe lissafin a wuce wurin.

Jarumin da aka cire wa murya

A wajen Faransa, akasarin waɗanda suka san fuskarsa ta finafinan Italiya suka san ta: Alfredo mai haska fim a Cinema Paradiso na 1988, wanda ya ci Oscar, da mawaƙin ƙasar Chile Pablo Neruda a Il Postino na 1994. Wannan ma tsari ne ya haifar da shi. Tun ƙarshen shekarun 1940 Faransa da Italiya suka ƙulla yarjejeniyar shirya finafinai tare, ta yadda fim ɗaya zai zama ɗan ƙasa a wurare biyu ya ci tallafin kowacce, da sharaɗin a gauraya ma'aikata da 'yan wasa. Italiyawa kuma sun daɗe da sabawa da ɗora murya bayan an gama ɗauka. Noiret yakan faɗi nasa da Faransanci, abokin wasansa ya amsa da Italiyanci, daga baya wani ya zo ya ɗora masa murya, kamar dai yadda ake yi wa jaruman Indiya a finafinan fassarar Hausa. Sakamakon shi ne mutumin da Faransawa ke ganewa da jin muryarsa ko daga ɗaki na gaba, duniya ta so shi da muryar wani. Kuma ya yi tasiri a hakan, har Ingila ta ba shi lambar BAFTA ta gwarzon jarumi saboda Alfredo. Abin da ya rage bayan an cire murya shi ne tsayuwa, da kallo, da sanin lokacin da ake juyowa, kuma waɗannan ma kayan dandamali ne.

Komawa dandamali

Kusan shekara 30 ya yi bai taka dandamali ba. Ya dawo a 1997 da Les Côtelettes na Bertrand Blier, tare da Michel Bouquet, wanda shi bai taɓa barin dandamalin ba. Masu sharhi da yawa sun caccaki wasan, jama'a suka cika zaure, lambar Molière ta 1998 kuma, wato lambar yabo ta 'yan dandamali, Bouquet aka ba. Hukuncin bai zo da mamaki ba. Dandamalin Faransa yana da kishi, yana karɓar tauraron silima don ya sayar da tikiti amma ba ya saurin yafe masa tafiyar da ya yi. Noiret bai fasa ba. Ya yi wasan marubuciya Yasmina Reza, ya zagaya yana karanta waƙoƙin Victor Hugo shi kaɗai, sannan a 2005 ya fito tare da Anouk Aimée. Ciwon daji ya yi ajalinsa a Faris ranar 23 ga Nuwamban 2006, yana da shekara 76.

Hanyar da ya bi ba ta nan yadda ya same ta. TNP ta koma Villeurbanne kusa da Lyon tun 1972. Ƙungiya mai 'yan wasa na dindindin, masu albashi, masu yin wasa bayan wasa tare shekara da shekaru, ta zama abu mai wuyar samu in ban da Comédie-Française, ƙungiyar wasan kwaikwayo ta ƙasa wadda Louis na 14 ya kafa a 1680 kuma har yau take riƙe da 'yan wasa kusan 60. Abin da ya maye gurbin ƙungiya shi ne wani tsarin inshorar rashin aiki na musamman ga masu sana'ar nishaɗi. Ɗan wasa zai tara sa'o'in aiki 507 cikin wata 12, ana lissafa masa kowace fitowa a matsayin sa'a 12, wato fitowa 43 ke nan. Idan ya cika, asusun zai riƙa biyansa a ranakun da ba shi da aiki. Ko daga ina sa'o'in suka fito daidai ne: wasa a lardi, kwana biyu a shirin talabijin mai dogon zango, ɗora murya a fim ɗin Amurka. Masu suka na cewa tsarin na cin kuɗi fiye da abin da 'yan sana'ar ke zubawa, kuma kamfanoni na fakewa da shi su ƙi ɗaukar ma'aikata na dindindin. 'Yan wasa kuwa sun ɗauke shi jinin jikinsu. Da aka tsaurara sharuɗɗansa a 2003 suka tafi yajin aiki har aka soke bikin Avignon na shekarar, abin da bai taɓa faruwa ba tun 1947, kuma a 2016 aka mayar da wa'adin wata 12 da aka rage.

Tsarin yana ciyar da dubban 'yan wasa, yana kuma sa su zagaya gidajen nan uku fiye da yadda Noiret ya yi. Abin da ba ya bayarwa shi ne darakta ɗaya da zai riƙe matashi shekara bakwai yana ba shi matsayin tsoho har ya iya. Ɓangaren kuɗi kuwa gwamnati ba ta saki ba: tun 2021 doka ta wajabta wa Netflix da takwarorinsa su zuba aƙalla kashi 20 cikin 100 na cinikinsu na Faransa a finafinai da shirye-shiryen Faransa da Turai, kamar yadda aka yi wa Canal+ a zamaninta.